Gurasa Mai Aljihu da Cukun Fulani: Darasin Ilmin Halittu Daga Madafa

A watan Afrilu na shekarar da ta gabata na je gida Birnin Yauri hutu, na tarar ƙanwata ta dawo daga Umra da wani sabon buri. A can ƙasa mai tsarki ta ci wata irin gurasa mai aljihu wadda ake cusa wa niƙaƙƙen nama da cuku, cukun kuwa yana narkewa yana yin danƙo idan an gutsura. Ta ci alwashin sai ta yi irinta a gida. Ta sayi fulawa da yis, ta aika kasuwar Yelwa aka sayo nama da albasa, ta kuma sa Bafulatanar da ke kawo mana nono ta zo mata da cuku. Da aka gama aiki sai gurasa ta ƙi yin aljihu, cuku kuma ya zauna daram a cikin kasko, ko alamar narkewa babu. Ta dube ni ta ce, "Yaya, kai da aka ce ka karanta ilmin halittu har ka ƙure, gaya mini, laifin wa ke nan, nawa ko na Bafulatana?"

Na ce mata a gurasa akwai laifinta, amma a cuku babu laifin kowa. Sai dai abin da ya fi damuna a ranar ba ta tambaye ni shi ba. Ragowar haɗin naman da cukun, wanda ta soya tun hantsi, ta rufe shi a kwano ta ajiye a ɗaki don yara su ci bayan magariba, a watan da zafin Yauri kan kai digiri 40 a ma'aunin Santigired. Na sa aka zubar da shi. Ranta bai so ba, kuma ban ga laifinta ba, domin naman ba da arha aka saye shi ba. Wannan maƙala bayani ce a kan dalilan abubuwan nan, domin duk abin da ya faru a madafar nan yana cikin manhajar ilmin halittu ta babbar sakandare, sai dai ba a cika nuna wa ɗalibai shi a cikin kasko ba.

Abinci baƙo da ɗan'uwansa na gida

Wannan gurasa da Turawa ke kira pita, Larabawa kuma su ce khubz, tana daga cikin tsofaffin abincin ɗan Adam. A shekarar 2018 masu binciken kayan tarihi suka ba da labarin ɓurɓushin gurasa da suka tono a wani wuri mai suna Shubayqa, a arewa maso gabashin ƙasar Jodan, wanda aka ƙiyasta ya shekara 14,400, watau tun kafin mutum ya fara noma. A Masar ana cusa mata nama da albasa a gasa, a kira ta hawawshi. A Labanan kuma sunan irin wannan haɗi arayis.

Mu ma ba baƙinta ba ne ƙwarai. Kalmar gurasa daga Larabci muka aro ta, haka nan tanderun da ake gasa ta a ciki, kuma ana danganta shigowarta Kano da Larabawan da suka zauna a birnin don fatauci. Gurasa da tsire ko da balangu tsohon haɗi ne. Abin da ya zama sabo a wurinmu shi ne aljihun da cukun.

Me ke buɗe aljihun?

Yis ɗin da ake sayarwa a ƙulle-ƙulle a kasuwa ba gari ba ne kamar kanwa ko gishiri, halitta ce mai rai. Dangin naman gwari ne mai ƙwayar halitta guda ɗaya, sunansa na kimiyya Saccharomyces cerevisiae, kuma sai an jera kimanin guda 200 kafin su kai tsawon milimita ɗaya. Wani mutumin ƙasar Holan, Antonie van Leeuwenhoek, ya gan shi a madubin ƙara girma a 1680, amma bai san yana da rai ba. Sai daga 1857 zuwa gaba ne Bafaranshen nan Louis Pasteur ya tabbatar da cewa ƙananan halittu masu rai ne ke sa abu ya yi tsami ko ya tashi.

Idan aka kwaɓa yis da fulawa da ruwa mai ɗumi, sai ya farka ya shiga cin sukarin da ke cikin kwaɓin, yana fitar da iskar kabon-dayokzayid da ɗan sinadarin barasa. Kada wannan ya tayar wa kowa hankali: kaɗan ne ainun, kuma yana tafasa tun a digiri 78, saboda haka akasarinsa kan fice a wajen gashi. Yis ya fi kuzari a wajen digiri 30 zuwa 35, yana kuma mutuwa idan zafi ya kai wajen 60. Wadda ta kwaɓa da ruwan da hannunta ba zai jure ba, ta kashe ma'aikatanta tun kafin su kama aiki.

Iskar da yis ke fitarwa da ta tsere, ba don wani furotin da ke cikin alkama ba, mai suna gulutin. Idan aka jiƙa fulawa aka murza, sai zarurrukan gulutin su sarƙe su zama raga mai danƙo wadda ke kama iskar. Ɗalibi na iya ganin gulutin da idonsa: ya ɗauki curin kwaɓi ya riƙa wanke shi a cikin ruwa har farin sitaci ya ƙare, abin da zai rage a hannunsa mai kama da cingam, shi ne. Gero da dawa da shinkafa ba su da shi. Shi ya sa ƙullun masa ke tashi amma ba ya tsayawa da kansa, sai an zuba shi a gurbin tanda.

To, amma ba yis ke buɗe aljihu ba, tururi ne. Idan aka ɗora faifan kwaɓi mara kauri a kan abu mai tsananin zafi, sama da ƙasansa sukan ƙafe cikin 'yan daƙiƙu su zama kamar fata. Ruwan da ke tsakiya ya rasa mafita, ya koma tururi, shi kuwa ruwa idan ya koma tururi yakan ninka girmansa kusan sau 1,700. Ƙananan kumfar da yis ya bari su ne wuraren da tururin ke fara taruwa, sa'an nan su haɗe su zama kumfa guda babba wadda ke raba faifan gida biyu. Tanderun gidajen gurasa a ƙasashen Larabawa yakan wuce digiri 400, gashin ma ba ya kai minti biyu. A gida ana bukatar kimanin 250. Ƙanwata ta yi kuskure biyu: ta bar faifan da kaurin yatsa, ta kuma ɗora shi a kaskon da bai gama yin zafi ba, sai tururin ya riƙa sulalewa a hankali kafin fatar ta kama. Gurasar Kano kuwa da gangan ake yin ta da kauri da ruwa-ruwa a manna a bangon tanderu, domin cikinta mai kama da soso ake so, wanda zai sha mai da ƙuli-ƙuli idan za a yi bandashe. Wanda ya samu irinta yana iya tsaga ta da wuƙa ya yi wa kansa aljihu.

Cukun da ba ya narkewa

A nan ne labarin ya fi daɗi. Tun da aka datse kogin Kwara a Kainji tafki ya cika a 1968, duk lokacin da ruwa ya fara janyewa a ƙarshen rani sai ciyawa ta fito a bakin tafkin, makiyaya kuma su gangaro da shanunsu ta wajen Ngaski da Shanga da kewayen Yelwa. Daga madarar shanun nan ne matan Fulani ke yin cuku mai laushi wanda wasu ke kira awarar nono. Yarbawa suna ce masa wara, kalmar da ke nufin madara a harshensu, don haka kada a zaci a garin Wara, hedkwatar ƙaramar hukumar Ngaski, aka ƙirƙiro shi. A Borgu da arewacin Jamhuriyar Benin sunansa wagashi.

A cikin kowane giram 100 na madarar saniya, wajen 87 ruwa ne. Sauran ya haɗa da mai, da sukarin madara mai suna laktos wajen giram 5, da furotin giram 3 da ɗoriya. Kashi 80 cikin 100 na wannan furotin wani iri ne da ake kira kesin, kuma shi ne jikin cuku. Kesin ba a narke yake a cikin madara ba, yana yawo ne a matsayin ƙananan ƙwallaye waɗanda ido ba ya gani, kowace ƙwallo tana lulluɓe da wasu zarurruka kamar gashi. Gashin nan shi ke hana ƙwallayen mannewa da juna. Duk mai son madara ta daskare, sai ya san yadda zai yi da wannan gashi.

Hanya biyu ce. Ta farko ita ce ta tsami, wadda kowace mai nono ta sani. Wasu bakteriya masu amfani sukan ci laktos su mayar da shi asid, sai ma'aunin tsami na pH ya sauko daga 6.7 zuwa wajen 4.6, gashin ya kwanta, ƙwallayen su haɗu. Kindirmo ke nan. Hanya ta biyu ita ce a kawo wanzami ya aske gashin. Wanzamin nan shi ne inzayim, watau furotin da ke saurin yanka ko haɗa wasu sinadarai ba tare da shi kansa ya ƙare ba. A cikin tumbi na huɗu na maraƙi ko ɗan akuya mai shan nono akwai irin wannan inzayim, sunansa kaimosin, wanda aikinsa shi ne daskarar da madarar uwa don ta daɗe a ciki ta narku. Da shi Turawa ke yin yawancin cukunsu, da shi kuma makiyayan Jamhuriyar Nijar ke yin cukun nan mai faɗi kamar takarda wanda ake shanyawa a rana ya yi watanni bai lalace ba.

Fulanin ƙasarmu kuwa wanzaminsu a bakin hanya yake tsiro. Tumfafiya ce, wadda masana tsirrai ke kira Calotropis procera. Farin ruwan da ke fita idan an karya ganyenta yana ɗauke da inzayim masu yanka furotin. Mai yin cuku takan ɗora madarar safe a kan wuta kaɗan, ta dandaƙa ganye ko karan tumfafiya a cikin 'yar madara, ta tace ta zuba. Bayan kamar minti 20 sai madarar ta tsinke, farin curi ya rabu da wani ruwa mai ɗorawa-ɗorawa. Sai ta ƙara wuta ya tafasa, ta kwashe curin ta zuba a ƙananan kwanduna ya tsane. Lita 5 ta madara kan ba da kimanin kilo ɗaya. Farfesa Charles Aworh na Jami'ar Ibadan yana cikin waɗanda suka yi nazarin wannan sana'a tun a shekarun 1980. Wani abin sha'awa shi ne inzayim ɗin tumfafiya ya fi aiki a zafi mai yawa, wajen digiri 65 zuwa 70, zafin da zai kashe aikin kaimosin na maraƙi. Matan Fulani ba su da ma'aunin zafi, amma sun daɗe da gano cewa sai a kan wuta tumfafiya ke kama madara da kyau.

Yanzu ga amsar tambayar ƙanwata. A cikin curin cuku, sinadarin kalsiyam ne ke ɗaure kesin da kesin, kamar yadda laka ke riƙe tubali. Cukun Italiya mai suna mozarela, wanda shi ne ke yin danƙon da ta gani, ana barin bakteriya su ɗan tsamar da shi har pH ya sauko wajen 5.2. Tsamin yakan zare wani kaso na kalsiyam, sai ɗaurin ya sassauta, idan zafi ya zo zarurrukan su zame a kan juna. Cukun tumfafiya ba a tsamar da shi, pH ɗinsa yana sama da 6, kalsiyam ɗinsa yana nan cif. Daɗin daɗawa, tafasawar da aka yi masa ta dafa sauran furotin na madara sun manne a jikin kesin, kamar yadda farin ƙwai ke yi, kuma dafaffen ƙwai ba ya komawa ruwa. Ko kwana za a yi ana soya shi ba zai narke ba. Halumi na tsibirin Saifurus da fanir na Indiya su ma ba sa narkewa, kuma saboda wannan halin ne masu dafa abinci ke neman su da tsada. A ganina, mai neman cukun Fulani ya zama mozarela ya raina abin da ke hannunsa. Cukun da za a soya ya yi ja a waje, ya yi laushi a ciki, ya sha romon nama bai watse ba, ya fi dacewa da aljihun gurasa.

Tafasawar nan tana da wata fa'ida wadda ta fi ɗanɗano muhimmanci. Ɗanyar madara na iya ɗaukar ƙwayoyin tarin fuka na shanu, da na cutar da makiyaya ke kira bakkale, wadda ke sa shanu ɓari, mutane kuma zazzaɓi mai tafiya yana dawowa. Likitan sojan Birtaniya David Bruce ne ya gano ƙwayar wannan cuta a tsibirin Malta a 1887. Zafin digiri 63 na minti 30, ko 72 na daƙiƙa 15, ya isa ya kashe su, tafasa kuwa ta wuce haka. Ashe cukun tumfafiya a tsarkake yake barin tukunya. Matsalar daga baya take zuwa. Abinci ne mai ruwa fiye da rabi, mai furotin, ba tsami, ba gishirin kirki, watau babu abin da zai hana bakteriya zama. Hannun mai sayarwa, da ruwan da aka jiƙa shi a ciki, da ƙuda, duk suna mayar masa da abin da wuta ta kore. Da ƙyar yake wuce kwana biyu ko uku. Shi ya sa matan Borgu ke sake dafa shi da gishiri da karan dafi, wanda ke ba shi jan launin nan. Wanda ya saya a kasuwa, ya tafasa shi a ruwan gishiri na minti 10 ko ya soya shi a ranar.

Gargaɗi guda game da tumfafiya: ruwanta yana da sinadarai masu taɓa bugun zuciya, idan kuma ya shiga ido yakan kumbura fatar ido ya dushe gani na kwanaki. Ɗan kaɗan ake sa wa madara. Ba abin sha ba ne, ba kuma abin wasan yara ba.

Inda haɗarin yake

Tsokar dabba mai lafiya, can cikinta, kusan babu bakteriya. A bayan nama suke, inda suka samu zuwa daga fata, da kayan ciki, da wuƙa, da teburin mahauci. Wannan ne ya sa balangu da tsire ba su cika yin illa ba idan an ci su da zafi, domin wuta tana fara cin wurin da ƙwayoyin suke. Niƙa nama yakan rushe wannan kariya. Bari mu yi lissafi. Gutsuren nama mai santimita 4 ta kowace fuska yana da faɗin baya na murabba'in santimita 96. Idan aka yayyanka shi zuwa gutsattsari masu milimita 2, za a sami guda 8,000, faɗin bayansu gaba ɗaya ya zama murabba'in santimita 1,920. Ya ninka sau 20 ke nan, kuma abin da yake waje ɗazu yanzu ya koma tsakiya. Idan injin niƙan kasuwa ne, wanda ya niƙa wa mutum goma kafin kai ba a wanke ba, sai a ƙara da nasu.

Ƙasashen da suka ci gaba ma sun ɗanɗana wannan. A 1982 aka fara gane wani mugun nau'in bakteriyar Escherichia coli mai lamba O157:H7 a Amurka, a cikin niƙaƙƙen naman shanu. A 1993 ya kama mutane fiye da 700 a can ta hanyar naman da bai gasu ba, yara huɗu suka rasu. A wurinmu akwai ƙarin tsila, wadda 'ya'yanta ke ɓoye a tsokar saniya. Maganinsu duka ɗaya ne: tsakiyar naman ya kai digiri 70.

Amma naman ƙanwata ya dahu sarai. Me ya sa na ce a zubar? Saboda dafuwa ba ta yi wa abinci rigakafin abin da zai faɗa masa daga baya. Ta marmasa cukun da hannu ta zuba bayan ta sauke kasko, ta ɗanɗana da cokali ta mayar. Kusan mutum ɗaya cikin uku yana ɗauke da bakteriyar Staphylococcus aureus a hanci ko a fata ba tare da ta dame shi ba. Tsakanin digiri 5 da 60 bakteriya ke hayayyafa, kuma sun fi jin daɗin zafin jikin mutum, watau 37, wanda shi ne kusan zafin rufaffen kwano a ɗakin kwano a watan Afrilu. A irin wannan yanayi wasunsu kan rabu biyu duk bayan minti 20. Daga ƙarfe 11 na safe zuwa 6 na yamma awa 7 ne, rabuwa 21 ke nan. Ɗalibi ya ninka 2 sau 21 ya gani: ƙwaya ɗaya tak ta zama 2,097,152. Kuma ba da ƙwaya ɗaya ake farawa ba.

Ta ce mini, "To Yaya, ba sai in ɗumama ba?" Ɗumame yana kashe bakteriyar, amma wannan iri takan bar dafi a cikin abinci, dafin kuwa ko tafasa ba ta karya shi. Ba ya wari, ba ya sauya launi. Bayan awa ɗaya zuwa shida sai amai da murɗar ciki, wani lokaci da zawo. Babba kan warware cikin yini ɗaya ko biyu, amma ƙaramin yaro ruwan jikinsa na iya ƙarewa da sauri. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta a 2015 cewa mutum miliyan 600 ke kamuwa da cuta ta hanyar abinci kowace shekara, 420,000 su mutu, daga ciki 125,000 yara ne 'yan ƙasa da shekara biyar, kuma nahiyar Afirka ce ta fi jin jiki. Ƙa'idar hukumar ita ce kada dafaffen abinci ya wuce awa biyu a ajiye ba a kan wuta ba, ba a cikin firji ba. Mu da ke bakin tafkin da ke samar wa ƙasa lantarki mun san ba kowane gida ke iya dogara da firji ba. Yaji da tafarnuwa da kanumfari suna ɗan rage wa bakteriya hanzari, amma ba su kai a dogara da su ba. Abin da ya rage mana shi ne a dafa daidai ci.

Yadda za a haɗa

Don gurasa takwas, a sami fulawa rabin kilo, da yis ƙaramin cokali biyu, da sukari da gishiri ƙaramin cokali ɗaya-ɗaya, da mai babban cokali ɗaya, da ruwa mai ɗumi kimanin mililita 300. A murza na minti 10, a rufe har ya ninka, wanda a zafin Yauri ba ya kai awa guda. A raba takwas, a bari su huta minti 15 don gulutin ya saki, sa'an nan a murje kowane da kwalba mai tsabta har kaurinsa ya zama ƙasa da rabin santimita, ba tsaga, ba ninki. A ɗora kaskon ƙarfe mai kauri a wuta har ɗigon ruwa ya ƙone nan take. Rabin minti a juya, bayan minti ɗaya a sake juyawa, za a ga ta kumbura. A naɗe su a ƙyalle mai tsabta su yi laushi.

Haɗin cikin kuwa yana bukatar jan nama rabin kilo, da cuku kwatan kilo, da albasa biyu, da tattasai da attaruhu, da tafarnuwa da citta da masoro da gishiri. Ya fi kyau a sayi tsoka da safe a daddatsa ko a daka ta a gida. A fara da cuku: a yanka ƙanana, a soya har ya yi ja, a kwashe da cokali. Sai a zuba nama a kasko mai zafi sosai, rabi-rabi. Dalili shi ne launin ja da ƙamshin gashi suna fitowa ne daga haɗuwar furotin da sukari, abin da Bafaranshe Louis-Camille Maillard ya bayyana a 1912, kuma ba ya kankama sai zafi ya wuce wajen digiri 140. Kashi uku cikin huɗu na nama ruwa ne. Idan aka cika kasko, ruwan ya fito ya taru, zafi ya tsaya a 100, sai a sami dafaffen nama mai launin toka a maimakon soyayye. Bayan ya yi ja a zuba albasa da kayan yaji, a ci gaba da juyawa har ruwan ya tsotse kuma ko'ina yana tururi. A mayar da cukun ciki ya yi minti uku a kan wuta tare da naman, kada a zuba shi bayan an sauke. A yanke gefen gurasa, a cusa da cokali, a ɗan gasa ta a kasko, a ci da zafi.

Masarawa kan cusa ɗanyen nama su gasa shi tare da gurasar. Ban ba mai koyo shawarar haka ba, domin gurasa na iya ƙonewa tsakiyar naman bai kai 70 ba.

Ta fuskar gina jiki haɗin ya yi ma'ana. Furotin ɗin alkama yana da ƙarancin wani tubali mai suna laisin, wanda nama da cuku ke da shi a wadace. Nama ya kawo sinadarin ƙarfe mai ƙara jini, cuku ya kawo kalsiyam na ƙashi. Da yake akasarin laktos kan bi ruwan da aka tsane, da yawa daga waɗanda ɗanyar madara ke ɓata wa ciki suna cin cuku lafiya.

Ga malaman makaranta

Ana iya nuna rabin wannan darasi ba tare da ɗakin gwaji ba. A sami kwalabe uku, a sa wa kowace ƙaramin cokali na yis da babban cokali na sukari. A zuba wa ta farko ruwan randa, ta biyu ruwa mai ɗumi, ta uku tafasasshen ruwa, a ɗaura balan-balan a bakin kowace. Kafin a tashi darasi ɗalibai za su ga wadda ta fi kumbura da wadda ba ta motsa ba, su faɗi dalili.

Gwaji na biyu na madara ne, kuma malami ne kaɗai zai taɓa tumfafiyar, ya wanke hannu da sabulu bayan ya gama. A raba sabuwar madara kofi huɗu. A matsa wa na farko lemon tsami. A ɗiga wa na biyu ruwan tumfafiya a bar shi a kan tebur. A ɗiga wa na uku daidai wannan adadi, amma a tsoma kofin a cikin ruwa mai zafi. Na huɗu a tsoma shi a ruwan zafin ba tare da an sa masa komai ba, domin a tabbatar ba zafi kaɗai ya yi aikin ba. Ɗalibai su riƙe agogo su rubuta mintin da kowane kofi ya tsinke. Daga nan a tace curin lemon tsami da na tumfafiya a ƙyalle daban-daban, su murza kowane a tsakanin yatsu su kwatanta: na lemon tsami zai marmashe, na tumfafiya kuma zai yi ɗan tauri kamar roba. Kada a bar kowa ya ɗanɗana abin da aka yi gwaji da shi.